Daga Bakin Allo: Wace Ce Matar Da Ke Kan Pesewa 50?

A watan jiya na yi alkawarin cewa wannan karon za mu dubi maganar kuɗin jarrabawa da yadda yake jigata iyaye, to amma sai ku gafarce ni, domin wani abu ya faru a ajina wanda ya hana ni sukuni, na ga kuwa gara in faɗe shi tun yana da zafi.

Wata ranar Alhamis, ana gab da tashi, na ba 'yan aji shida aikin gida. Na ce kowa ya duba ɗakin uwarsa, da bango, da kwalaye da gwangwanaye da bangon littattafan rubutu, ya zo mini da hoton mace guda ɗaya, amma ban da hoton 'yan gida. Niyyata ba mai nisa ba ce. So nake kowa ya yi mini jimla biyar ta Turanci a kan hotonsa, su koyi siffantawa. Washegari suka zube mini kaya a kan tebur. Ga takardar sabulu, ga kwalin man gashi, ga kwalin man shafawa, ga shafin tsohuwar kalanda, ga hoton 'yar fim ɗin Indiya da aka yanko da reza, ga wata 'yar tsana mai gashi kamar na masara, hannunta ɗaya ya ɓalle, irin wadda ake tsinta cikin kayan gwanjo.

Na jera su, na ja da baya na dube su gaba ɗaya, sa'an nan na ɗaga kai na dubi 'yan matan da ke zaune gabana. Wallahi babu ko kama. Matan kan tebur, in ba Baturiya ba to Ba'indiya, in kuwa 'yar Afirka ce to an wanke ta an ɗauraye har ta koma kalar madara da shayi. Su kuwa 'yan ajin, 'ya'yan Hausawa ne da Dagomba da Mosi da Zabarmawa da Kotokoli, yawancinsu baƙaƙe, wasu wankan tarwaɗa, kamar dai iyayen da suka haife su.

Akwai wata yarinya da ke zama a bencin baya, ba ta cika magana ba. Ita ce ta zo ƙarshe, ta buɗe hannu ta ce, "Malam, ni wannan na samu." Kuɗin ƙarfe ne, pesewa 50. Aji ya fashe da dariya. Na tsawata musu, na karɓa na duba, sai ga fuskar mace, kamanninta na matan kasuwar Kejetiya sak. Kuɗin nan ya shiga aljihuna ya fita ba adadi tun da aka yi canjin kuɗi a 2007, amma ban taɓa tsayawa na dube shi ba. Wani yaro mai kaifin baki ya ɗaga hannu ya ce, "Malam, wace ce?" Na juya kuɗin gaba da baya, babu suna. Na ce 'yar kasuwa ce. Ya ce, "Wace 'yar kasuwa, Malam?" A nan na yi abin da kowane malamin makaranta yakan yi in an ƙure shi, na ce wannan shi ne aikin gidanku na gaba. Shekara fiye da 20 ina riƙe da alli, yaro ɗan shekara 12 ya ɗaure ni da tambaya guda.

Daren nan ni ma na yi aikin gida. Matar da ake danganta hoton da ita sunanta Rebecca Naa Dedei Aryeetey, mutuniyar Ankara, 'yar kabilar Ga, an haife ta a 1923. Fulawa take sayarwa, ta yi arziki da ita har aka yi mata laƙabi da Dedei Ashikishan, wato Dedei mai fulawa a harshensu. Tana cikin manyan matan kasuwa da suka riƙe jam'iyyar CPP ta Kwame Nkrumah da kuɗinsu da bakinsu a lokacin neman mulkin kai, ta rasu a garin Ho a 1961, tana da shekara 38 kacal. Wato dai matar da ta zuba dukiyarta don ƙasa ta tsaya da ƙafarta, ladanta shi ne fuska babu suna a kan kuɗin da yau da ƙyar yake sayen ruwan leda ɗaya.

To mai karatu, ka ciro takardar sidi daga aljihunka mu gwada. A kan takardun da aka fitar a 2007, da na sidi 100 da 200 da suka biyo baya a 2019, mutum shida ne ke kallonka, waɗanda Turawan mulki suka tsare a 1948: Nkrumah, da Danquah, da Ako-Adjei, da Akufo-Addo babba, da Obetsebi-Lamptey, da Ofori Atta. Sun cancanta, ba na ja. Takardar sidi 2 ta 2010 Nkrumah ne shi kaɗai, ta sidi 5 ta tunawa da aka buga a 2017 kuwa Dokta Aggrey ne, malamin Achimota. Duka maza. Amma masu shekaruna za su tuna takardar sidi 20 ta 1984, wadda ke ɗauke da Yaa Asantewaa, uwar sarautar Ejisu a nan kusa da mu, wadda ta ja yaƙin 1900, Turawa suka kai ta tsibirin Seychelles ta rasu can a 1921. Da ita Mma takan aike ni sayen kananzir. Faɗuwar darajar kuɗi ta tafi da takardar, kuma da aka zo sabon zubi ba a sake tunawa da ita ba. Hatta tutar da yaranmu ke tsayawa gabanta kowace safiya, mace ce ta zana ta a 1957, Theodosia Okoh, ita ma malamar makaranta. A 2013, tana da ranta, aka cire sunanta daga filin wasan hoki na Ankara don a sa na wani, sai da jama'a suka yi caa kafin a mayar.

Wani ɗan'uwa da ke fataucin goro zuwa Nijeriya ya nuna mini nasu kuɗin, na ga abin da ya ƙara mini haske. A bayan naira 20 akwai mace zaune tana ginin tukunya, kuma an rubuta sunanta: Ladi Kwali, Bagwariya, wadda ta shiga cibiyar koyon ginin tukwane ta tsohuwar Abuja, wato Suleja ta yanzu, a 1954, tukwanenta suka kai Turai da Amurka, Jami'ar Ahmadu Bello ta Zariya ta ba ta digirin girmamawa a 1977. A bayan naira 10 kuwa akwai Fulani mata biyu ɗauke da ƙoren nono, su babu suna. Yaron da ya riƙe naira 20 yana iya tambaya wace ce Ladi Kwali, ya bi sawu har ya samu labari. Wanda ya riƙe naira 10 ado kawai ya gani, kamar zanen fure a jikin kwano.

Abin da nake so mu lura da shi ke nan. Ba a rasa ganin matanmu. Su ne farkon wanda ido ke gani da asuba. Tun kafin kiran salla wata ta hura wutar koko, wata tana suyar ƙosai, wata ta ɗora tukunyar shinkafa da wake wadda mutanen ƙasar nan suka karɓa daga bakinmu suka mayar waakye. Ma'aikacin banki da ɗan sanda da direban trotro duk layi suke bi gabanta. Ka tambaye su sunanta. Hajiya, in ji wannan. Amariya, in ji wancan, alhali matar ta aurar da jikoki. Shekara 15 mutum yana karya kumallo da hannunta bai san ko wace ce ba. Haka 'yan matan nan da ke zuwa daga arewa suna dako a Kejetiya da Makola, waɗanda ake kira kayayo. Rabin kalmar tamu ce, kaya, rabin kuwa ta Ga ce, mace. Sunan ke nan da gari duka ya san su da shi, kayan ne a gaba, macen a baya. Su kam ana ɗaukar hotonsu sosai, amma sai in ana neman taimako daga Turai, a nuna su kwance bakin shago da goyo, fuska duk gajiya. Ke nan in ana son a nuna kyau da tsabta da jin daɗi sai a nemo fara, in ana son a nuna wahala sai a nemo baƙa. Yaro kuwa ba ya bukatar a yi masa bayani, idonsa yana karanta bango tun kafin ya iya karanta allo.

Kada in yi ta nuna wasu da yatsa, bari in shigo gida. Mma, Allah Ya jiƙanta, da kuɗin koko ta kai ni kwalejin horon malamai. Mahaifina ya yi nasa ƙoƙari, amma lokacin ciwo ya riga ya kwantar da shi. Ita ce ke ɗaure kuɗin mota a bakin zane, ita ce ta sayar da tasoshinta na aure shekarar da aka ce mu sayi littattafai. Yau takardun shaidata suna cikin akwati, daga ta firamare har ta kwaleji, kowace da sunana da na mahaifina. Sunanta ba ya kan ko ɗaya. A unguwa kuwa Maman Ticha ake ce mata, kafin nan Maman wane, kafin nan matar wane. Kwanan baya na tambayi ɗiyata ta biyu sunan kakarta na yanka, ta yi shiru tana murza yatsu. Ba laifinta ba ne. A bakina ya kamata ta ji, ni kuwa kunya ta hana ni faɗa. Kunya abu ne mai kyau, da ita muka tashi, kuma ban ce yaro ya tsaya gaban uwarsa ya kira sunanta gatsau ba. Amma sakaya suna don girmamawa daban, mantawa da shi daban, kuma tsakaninsu tsara ɗaya ce tak.

Na kawo wannan magana a majalisarmu ta bayan isha'i, sai wani aminina, almajiri ne mai karatu, ya ce, "Ticha, wai so kake mu manna hotunan matanmu a bakin titi?" Na ce a'a, Malam, ba can na nufa ba. Nana Asma'u 'yar Shehu Usmanu ta rasu tun 1864, babu wanda ya taɓa ganin hotonta, amma ga sunanta a kan makarantu, ga labarin jajis ɗinta da 'yan taru da ta aika ƙauyuka suna karantar da mata, ga rubuce-rubucenta da Larabci da Fulatanci da Hausa. An san ta domin an riƙe sunanta tare da aikinta. Sa'an nan na ce masa, ai ɗakunanmu cike suke da hotunan mata tun tuni, a kan sabulu da mai da kalanda da waya, ban taɓa jin an yi wa'azi a kansu ba. Matan wasu ne, shi ya sa. Ya yi dariya ya ce zai duba ɗakin uwargida.

Wani zai ce, duk wannan surutu a kan hoton kwalin sabulu? To ga abin da ya sa na kasa barci. Cikin 'yan ajin nan akwai wata, shekararta ba ta wuce 12 ba, tun farkon zangon karatu na lura fuskarta tana haske, gaɓoɓin yatsunta kuwa sun yi baƙi ƙirin. Duk wanda ya zauna a zango ya san alamar. Na roƙi wata abokiyar aikina, malama, ta yi mata magana a keɓe, don ba maganar namiji ba ce. Ashe gwaggonta ce ke haɗa man bilicin tana sayarwa, ta kuma fara shafa wa yarinyar, wai tun da wuri don kada ta yi kwantai. Hukumar kula da abinci da magunguna ta ƙasar nan ta hana shigo da man shafawa mai sinadarin hydroquinone tun watan Agusta 2016, Kwaddibuwa ta riga mu a 2015, amma wanda ya ratsa kasuwa ya san dokar tana ofis, man yana kan tebur. Wasu haɗe-haɗen akwai maganin steroid a ciki, wasu har da zaiba. Fata takan yi sirara har jijiya ta bayyana, ciwo ya ƙi warkewa, in an yi tiyata ɗinki ya ƙi kamawa, zaiba kuwa ƙoda take ci. Gwaggon nan ba muguwa ba ce. So take 'yar ɗan'uwanta ta samu miji, kuma ta karanta kasuwar daidai.

A nan dole mu maza mu sunkuyar da kai. Yana da sauƙi mu ce Bature ne ya kawo, kuma yana da nasa kaso. Amma kirarin nan na farar mace alkyabbar mata, ba a Landan aka yi shi ba. Mu ne za mu zauna a majalisa mu yi ta zagin masu bilicin, in aka tashi neman ƙari kuma sai a ji mutum yana rada wa mai dalili cewa a samo mai ɗan haske. A gidan biki ma haka. Ana yi wa amarya kwalliya sai an shafe ta da hoda har gwaggonta ta wuce ta tana tambayar ina amarya, mai hoto kuma ya ƙara nasa farin a kwamfuta. Shi ma hoton yana da tarihi. Tun shekarun 1950 kamfanin Kodak yakan raba wa masu wankin hoto wani kati mai hoton Baturiya, ana kiransa katin Shirley, da shi ake daidaita launin inji. Fatar da ta yi daidai da katin ta fito da kyau, tamu kuwa sai ido da haƙori. Sai a shekarun 1990 aka yi katin da ya haɗa da baƙar mace. Waɗanda suka ajiye hotunan makaranta na da, su ciro su duba.

A kwaleji an karantar da mu wani gwaji da aka yi a Amurka a shekarun 1940. Aka ajiye wa yara baƙar fata, 'yan shekara 3 zuwa 7, 'yan tsana iri ɗaya, bambancinsu launi kawai, aka ce su nuna wadda suke so da wadda ta fi kyau. Mafi yawansu suka nuna fara. Wannan gwaji yana cikin hujjojin da aka kai gaban kotun ƙolin Amurka a shari'ar da ta haramta raba makarantun farare da baƙaƙe a 1954. Lokacin da na haddace shi don jarrabawa, na ɗauka ciwon Amurka ne, ƙasar da baƙi suke tsiraru. Ban zaci zan ga irinsa a kan teburina a Kumasi ba, inda in ka cire 'yan Sin masu haƙar zinariya da Kwarori masu kantuna kowa baƙi ne. Kuma ga wani abin dariya mai ciwo: a littafin da muka karanta, sunan Kenneth Clark na riƙe. Sai daga baya na gane aikin ya samo asali ne daga binciken digiri na biyu na matarsa, Mamie Phipps Clark, baƙar mace, tare suka yi shi.

Ba na cewa babu abin da ya motsa. Ranar 7 ga Janairu 2025 aka rantsar da Farfesa Naana Jane Opoku-Agyemang mataimakiyar shugaban ƙasa, mace ta farko a wannan kujera, kuma 'yan ajina duk sun san ta don suna ganinta a talabijin. Majalisa ta zartar da dokar daidaita damar maza da mata a 2024, ko da yake matan da ke cikin majalisar kanta ba su kai kashi ɗaya cikin biyar ba. Amma Ankara nesa take da bencin baya. Wadda ta fi kusa da mu ita ce Susanna Al-Hassan, haifaffiyar Tamale, shugabar makarantar 'yan mata ta Bolgatanga, wadda ta shiga majalisa a 1960 cikin mata goma na farko, ta zama mace ta farko da ta riƙe muƙamin minista a ƙasar nan. Ta rubuta littattafan yara, ciki har da Issa and Amina na 1963. Tun shekara 60 da suka wuce wata malama 'yar arewa ta ga ya kamata yarinya mai suna Amina ta buɗe littafi ta tarar da takwararta a ciki. Na duba kabad ɗin makarantarmu kaf, babu ko kwafi ɗaya.

Ranar Litinin na koma aji na biya bashin yaron nan, na rubuta sunan Dedei Ashikishan a allo, na ba su labarinta, na kuma gaya musu gaskiya cewa ranar Juma'a ban sani ba. Daga nan na sake ba su aiki. Na ce kowa ya je wurin wata tsohuwa a gidansu, ya gaishe ta da ladabi, ya roƙe ta cikakken sunanta, da garin da aka haife ta, da sana'ar da ta ci da gida da ita. Na sayi babbar takarda da kuɗina muka manna a bango, muka jera su. Mai koko, mai ƙuli-ƙuli, ungozoma, mai kitso, mai saƙar taliya, malamar allo da ta yaye 'yan mata sun fi a ƙirga, wata kuma da ta yi shekara da shekaru tana kai atamfa Wagadugu. Yara uku suka dawo hannu wofi, an kore su an ce rashin kunya ne. Ban matsa ba. A layin ƙarshe na rubuta na Mma da hannuna, hannun yana rawa, na ce musu wannan ita ce ta biya kuɗin allin da nake riƙe da shi.

Bayan kwana huɗu, ana tsakiyar darasin lissafi, sai ga sallama a bakin ƙofa. Tsohuwa ce da sanda da babban mayafi, kakar yarinyar nan mai pesewa 50. Gabana ya faɗi, na ce yau ƙara ta zo har aji. Na fita na durƙusa na gaishe ta. Ta ce, "Ɗana, kai ne Ticha? An ce ka rubuta ni a bango." Na ce ni ne, Kaka, in kuwa an yi laifi a yafe, yanzu sai in goge. Ta ce a nuna mata. Jikar ta kama hannunta ta kai ta gaban takardar, ta ɗora yatsa a kan layin. Tsohuwar ba ta karatun boko, ta ce a karanta mata. Yarinyar da ba a jin muryarta ta karanta da ƙarfi, aji ya yi tsit.

Ta ɗan jima tana kallon wurin, sa'an nan ta juyo ta ce akwai gyara. Ba a Kumasi aka haife ta ba, a Salaga ne. Kuma ba ƙosai kaɗai ta yi ba, ta yi fataucin goro shekara 18 kafin ƙafa ta hana, da shi ta gina ɗakuna uku na gidan da suke ciki. Ta ce a sa wannan. Na ɗauko biro na gyara a gabanta. Har ta kai bakin ƙofa ta tsaya, ta ce in akwai mai iya ajami a rubuta mata a ƙasan na bokon, don in ta sake zuwa ta karanta da kanta, kuma za ta turo ƙanwarta, ita ma tana da nata.

Maganar kuɗin jarrabawa sai wata mai zuwa, in Allah Ya kai mu. Wassalam.